Maɓallin Malam Ba-Daidai-Ba

A hawa na uku na bankin, in an wuce ɗakin da ake jibge karyayyun kujeru, akwai wani ofishi mai taga ɗaya. Tagar tana kallon bangon ginin maƙwabta, bangon ma yana kallon ta, kuma sun daɗe a haka ba wanda ya gaji. A nan Malam Ba-Daidai-Ba ya ƙarar da ƙuruciyarsa, yana duba takardun kayan da bai taɓa gani ba, waɗanda aka loda a jiragen ruwan da bai taɓa hawa ba, daga tashoshin da ya san sunayensu fiye da yadda ya san na maƙwabtansa.

Aikin ba shi da wuyar bayani. Ɗan kasuwa yana son ya sayo kaya daga wata ƙasa. Mai sayarwa bai yarda da shi ba, shi ma bai yarda da mai sayarwa ba, kuma kowannensu yana da gaskiya. Sai banki ya shiga tsakani da takardar lamuni, wadda 'yan kasuwa ke kira el-si. A cikinta banki yake alkawarin zai biya mai sayarwa muddin ya kawo takardu kaza da kaza a kan lokaci: ta farashi, ta lodin jirgi, ta inshora, da duk wadda aka lissafa. In takardun sun dace da abin da el-si ta ce, banki zai biya, ko da duwatsu ne a cikin kwantenar. In ba su dace ba, yana da ikon ƙi, ko da zinariya aka lodo. Doka ba ta ɗora wa banki buɗe kwantena ba. Abin da ta ɗora masa shi ne ya dubi fuskar takarda da kyau, ya yanke hukunci cikin kwana biyar na aiki, in kuma zai ƙi, ya faɗi duk aibun da ya gani a sanarwa guda, sau ɗaya tak. Wanda ya manta bai faɗa ba ya tafi ke nan. Ba a dawowa gobe a ce, af, na tuna wani.

Marigayiya matarsa takan ce da haka dokar take a gidan aure, da mutane da yawa sun huta.

Tun da ta rasu yake zaune shi kaɗai a ɗaki biyu da falo, a saman wani kantin magani. Bai taɓa komai nata ba. Akwatin ɗinkinta yana nan a kan durowa, rigunansa suna jere yadda ta saba jera su. Mace ce da ba ta yarda da ɗinkin kanti ba. Duk rigar da ya sayo sai ta bi maɓallanta ɗaya bayan ɗaya ta ƙara musu zare riɓi biyu. Shi ya sa har yau ba wanda ya faɗi. Suna da 'ya ɗaya, tana aure a wani gari mai nisa, takan kira shi ƙarshen mako.

"Baba, ka ci abinci?"

"Na ci."

"Me ka ci?"

"Abinci."

"Baba kenan. To jikin fa?"

"Yana nan."

Daga nan sai wani jika ya fasa wani abu a can bayanta, ta ce tana zuwa. Ba ta cika dawowa ba, shi kuma bai taɓa riƙe ta da wannan ba, tun da ba ta faɗi ranar da za ta zo ɗin ba.

Sunan da ake kiran sa da shi ba abokan aiki ne suka laƙaba masa ba, ko da yake su suka yaɗa shi har manaja yakan kira shi da shi a taro. Wata mata ce ta raɗa masa, mai shagon kayan ɗinki a tsohuwar kasuwa, wadda a bankin ake ce wa Hajiya Mai Maɓalli. Tana shigo da maɓallai da zif da zare da allurai daga wani kamfani na ƙetaren teku, 'yan lokuta a shekara. Shagon na mijinta ne. Da ya rasu ta gaji shagon, ta gaji kamfanin, ta kuma gaji takardar neman el-si da ya saba cikawa, tana sa a kwafe ta yadda ya bar ta. A ciki marigayin ya rubuta cewa dole mai sayarwa ya miƙa takardu ga bankinsa cikin mako ɗaya bayan lodin kaya. Kamfanin kuwa yana can cikin tudu, nesa da tashar jiragen ruwa. Kafin takardar lodi ta iso hannunsa ya kai ta banki, makon ya wuce. Don haka takardun Hajiya kullum a makare suke zuwa, ba su taɓa saɓa wannan ɗabi'a ba.

To, in banki ya ga aibu, doka ta ba shi dama ya tuntuɓi mai sayen kaya ya ji ko zai yafe. A nan ne kawai aikin Malam yake haɗuwa da muryar ɗan Adam. Yawancin 'yan kasuwa in ya kira sukan ce ya aiko a rubuce, ko su miƙa wa akawunsu wayar. Ranar da ya fara kiran Hajiya, ita da kanta ta ɗauka.

"Hajiya, daga banki ne. Takardun kayanki sun iso, amma ba daidai ba ne."

"Me ya same su? Sun jiƙe?"

"Sun makara."

"Kayan ne suka makara?"

"A'a, ni ba ruwana da kaya. Takardun."

"Ni kuma ba ruwana da takardu. Ka ga mun raba aiki ke nan. Yanzu me kake so in yi musu, in dake su?"

"Ki yafe, ko ki ƙi."

"Na yafe. Wa ya rage ban yafe wa ba a duniyar nan? Har wanda ya mutu ya bar ni da zif cike da ɗaki na yafe masa."

"Sai kin aiko a rubuce."

"Ikon Allah! Yafiya ma sai a rubuce. To, Malam Ba-Daidai-Ba, za a aiko."

Haka aka fara. Duk sanda jirgi ya taso da kayanta, bayan ɗan lokaci takardu za su faɗo teburinsa, ya duba ranar lodi, ya duba ranar miƙawa, ya ga makarar tana nan inda ya bar ta, ya jawo waya. Maganar aiki ba ta wuce shan kofin ruwa. Sauran kuwa tun yana jin kunyar tsawonsa har ya daina duba agogo. Ta ba shi labarin gwiwarta, da telan da ya zo neman maɓalli kalar hanta ya ƙi ya faɗi hantar wace dabba, da ɗanta da ke karatu a waje yana aiko hotuna a rame. Shi kuma, da yake ba shi da labari, sai ya ba ta na takardu: yadda wani ya yi inshorar kaya bayan jirgi ya riga ya nutse, yadda wani ya aiko da takardar lafiyar dabbobi a kan kwantenar tayoyi. Tana dariya har ya ji tana dukan kantar shagon. A duk faɗin garin ita kaɗai ta taɓa gano cewa aikinsa yana da ban dariya.

Bankin yana naɗar duk kiran da aka yi da wayar ofis, saboda gudun gardama. Ke nan a wani wuri a ƙarƙashin ginin akwai muryar Hajiya tana koya wa ma'aikacin banki yadda ake haɗa zuma da citta don tari, an adana ta tare da sauran hujjoji.

Shekarar da matarsa ta rasu, abokan aiki sun kawo masa katin ta'aziyya da kowa ya sa hannu. Ya karɓa, ya gode, ya lura mutum biyu sun sa hannu sau biyu. Bayan ya dawo aiki takardun Hajiya suka iso, ya kira.

"Hajiya, sun makara."

"Na yafe. Kai, tsaya. Yau muryarka ce ba daidai ba. Me ya faru?"

Ya faɗa mata. Ya ji tana ce wa wani mai saye ya dawo anjima. Sannan ta yi wa marigayiyar addu'a, ta ce, "Wata na farko mutane za su dame ka. Na uku ne mai wuya, lokacin da kowa ya koma gidansa. Ka dinga barin rediyo a kunne in za ka fita, don in ka dawo ka tarar da wani yana magana."

Ya bi shawarar. Har yau rediyonsa yana magana da kujeru daga safe zuwa yamma.

Bai taɓa ganin ta ba, ita ma ba ta taɓa hawa hawa na uku ba. Adireshin shagonta kuwa ya haddace shi, don yana kan kowace takardar farashi. A ƙa'idar aikinsa, adireshin mai saye ba sai ya yi daidai da na el-si harafi da harafi ba, muddin ƙasar ɗaya ce. Wani lokaci yakan tuna cewa a fuskar doka dai shi da ita wuri ɗaya suke zaune.

Ana nan ɗan Hajiya ya gama karatu ya dawo, ya shiga shagon da kwamfuta da tambayoyi. Ya gano cewa kamfanin ya daɗe yana ƙorafi, don duk makara banki yana cire masa tara. A kira na gaba, bayan ta yafe, bayan an gama da gwiwa, sai Hajiya ta ce, "Wai yaron nan nawa yana tambaya, wannan makarar ba ta da magani ne?"

Malam ya san maganin tun ranar farko. Bai ɓoye ba; ba wanda ya tambaye shi ne. Yanzu kuwa an tambaye shi, mai hulɗa da banki ce ta tambaya, a wayar banki, ana naɗa.

"Tana da shi," ya ce. "Inda aka rubuta mako ɗaya, ku mayar da shi mako uku."

"Shi ke nan?"

"Shi ke nan."

"Tun yaushe ka san haka?"

"Tun farko."

"Amma ba ka faɗa ba."

"Ba a tambaye ni ba."

"To in an gyara, sai me?"

"Takardu za su zo daidai."

"Sai me?"

"Sai a biya."

"Sai kuma me?"

Ya nemi abin da ke biye da biya a tsarin aikinsa, bai samu ba. Ya ce, "Sai a rufe fayil."

"To," in ji Hajiya. "Allah ya saka da alheri." Ta faɗe ta da muryar da ake faɗa wa wanda ya taka maka ƙafa ya kuma ba ka haƙuri da ladabi.

Sai da ya aje wayar ya fahimci abin da ya yi. Mutumin da ba a taɓa kama shi da tsallake layi ɗaya ba, shi ne ya goge da hannunsa layin da ke sa shi kira.

Takardu na gaba suka iso ranar Litinin. Ya buɗe, ya duba ranar lodi, ya duba ranar miƙawa. Suna cikin lokaci, har da rara. Ya bi takardar farashi, ta dace. Inshora ta rufe abin da ya kamata ta rufe, tun ranar da ya kamata. Takardar lodi tana da tambarin da ke nuna kaya sun hau jirgi, da sa hannun wanda ya dace. Aikin da yakan gama kafin shayin hantsi ya huce ke nan. Ya mayar da fayil ɗin gefe, ya ce sai gobe.

Washegari ya sake bi daga farko, da rula a ƙarƙashin kowane layi. Ya haɗa nauyin kwalaye, ya fito daidai. Ya ɗaga takardar lodi sama yana kallon ta a hasken taga, bangon maƙwabta yana taya shi. Ba komai. Bai taɓa ganin takardu masu tsabta da rashin tausayi irin waɗannan ba.

A rana ta uku ya sami abu. A can ƙarshen ƙunshin, akawun kamfanin ya haɗo da wata takarda da ba wanda ya nema: sakamakon gwajin ƙarfin zare, wai don a san kayansu masu kyau ne. A jikinta an rubuta adadin kwalaye da ya saɓa wa na takardar farashi. Saɓani ne ƙuru-ƙuru, ko makaho ya shafa zai ji. Malam ya ɗora hannu a kan waya. Har ya ji abin da za ta ce: ashe kana da rai?

Sai dai ƙa'ida a nan ba ta da kwana-kwana. Takardar da el-si ba ta nema ba, ba a duba ta. A kau da kai, ko a mayar wa wanda ya kawo. Ba ta isa dalilin ƙi ba, ba ta isa dalilin neman yafiya ba, ba ta ma isa dalilin gaisuwa ba. In ya kira ta aibu, za a riƙe kuɗin kamfanin a kan abin da ba laifi ba ne. Ya tuna akawun nan na can cikin tudu, wanda shi ma bai taɓa gani ba sai karkataccen sa hannunsa, mutumin da ya yi shekara da shekaru yana makara ba da laifinsa ba, yau ya iso a kan lokaci har yana murna ya ƙaro takarda. Ya kuma tuna cewa bankin kamfanin zai rubuto ya ce ƙin bai halatta ba, kuma zai zama yana da gaskiya. Wanne daga cikin biyun ya fi nauyi a zuciyarsa, Allah ya bar wa kansa sani. Ya dai janye hannunsa.

Manaja, wanda a haife Malam ya haife shi, ya leƙo ranar Alhamis.

"Baba, fayil ɗin Hajiya Mai Maɓalli lafiya? Wa'adi ya kusa fa."

"Ina dubawa."

"Akwai matsala ne?"

"Babu."

"To me kake dubawa?"

"Ko akwai."

Manaja ya yi dariya, ya ce shi ya sa bankin nan ba zai taɓa nutsewa ba, ya fita. A taron ƙarshen wata har ya ba da misali da shi.

Malam ya buga tambari, ya sa hannu, aka biya, aka rufe fayil. Takardu na gaba ma suka zo daidai, na bayansu ma haka. Akawun can ya ɗanɗana zuwa a kan lokaci, ya ƙi dainawa. Lambar Hajiya tana nan a saman kowane fayil, amma lambar mai hulɗa da banki ta aikin banki ce. Shi da kansa ya sha faɗa wa sababbin ma'aikata haka. Ya ci gaba da kiran sauran 'yan kasuwa, suna ce masa ya aiko a rubuce. In ya koma gida rediyo yana nan yana magana. Ya lura cewa rediyo, duk surutunsa, bai taɓa tambayar sa tari ba.

Kusan shekara aka yi a haka. Sai 'yarsa ta aiko masa da riga, ruwan toka, ɗinkin kanti, wadda hannun marigayiya bai taɓa ba. Sawa ta uku, yana miƙa hannu zai ɗauko fayil, maɓallin hannun ya tsinke, ya gangara ƙarƙashin kabad ɗin ƙarfe da ba a taɓa matsar da shi ba tun da aka gina bankin. Malam ya daɗe yana kallon zaren da ya rage. Bai ja ba, bai taɓa ba, da kansa ya faɗi. Ya bincika lamarin ta kowace fuska, ya ga dalili ne ingantacce.

Ranar Asabar bayan azahar ya sa rigar a leda, ya hau mota zuwa tsohuwar kasuwa. Shagon ya fi ƙanƙanta a kan yadda adireshinsa ya nuna. Daga ƙasa har rufi kwalabe ne da gwangwanaye cike da maɓallai, zif yana rataye kamar busasshen kifi, a lungu kuma ga kwalaye an jibge. Ya gane alamar da ke jikinsu nan take. Shekara nawa yana karanta ta a takardar lodi, yau ga ta a jikin kwali na gaske, har da tabon ruwa a kusurwa, wanda takarda ba ta taɓa ambata ba. A can ciki wani saurayi ya duƙufa a kan kwamfuta. A bakin kanta kuwa ga wata 'yar dattijuwa, tabarau a rataye da igiya, tana faɗa da wani tela a kan kalar zif. Muryar ce. Jikin dai bai yi daidai da ita ba. A waya ta fi haka tsawo.

Da layi ya zo kansa, bai ce komai ba, ya fito da hannun rigar ya nuna. Ta zazzago maɓallai a faranti, ta tsinto ɗaya ta kara. Ya girgiza kai. Ta tsinto wani. Ya girgiza kai.

"Bawan Allah, ba ka magana ne? Wannan fa?"

Ya duba. Girman ɗaya, kalar ta kusa, amma wannan huda huɗu gare shi, na rigar kuwa biyu.

"Ba daidai ba ne," ya ce.

Hannunta ya tsaya a cikin farantin. Ta ɗaga tabarau ta saka, ta dube shi daga hula har takalmi.

"La ilaha illallahu. Ashe gajere ne kai."

"Ina wuni, Hajiya."

"Ina wuni yanzu? Na ɗauka ka yi ritaya, ko ka bi matarka. Na tambayi yaron nan, ya ce a banki ba a mutuwa, sai dai a canza wa mutum reshe. Na kira bankin naku, wata na'ura ta ce in danna ɗaya, na danna, ta ce in danna uku, na danna, ta sa mini kiɗa. Me ya hana ka kira?"

"Babu aibu."

"Ba ka nema ba ne."

"Na nema."

"To?"

"Babu."

Ta dube shi. Ta juya ta ce wa ɗanta, "Kai, zo ka gaida mutumin da ya gyara mana takardu." Saurayin ya taso da fara'a, ya riƙe hannun Malam da hannu biyu, ya ce, "Baba, ai ka taimake mu ƙwarai. Tun daga lokacin ko sau ɗaya banki bai sake damun Mama da waya ba."

"Haka ne," in ji Malam.

Aka ba shi kujera 'yar tsugunno a gefen kwalayen. Hajiya ta ce irin maɓallinsa ba ta da shi, sai dai ya karɓi mai huda huɗun ko ya tafi da hannu a buɗe. Ya ce ya karɓa. Ta zaro allura daga gefen mayafinta, ta tsinko zare, ta fara ɗinkawa tana sallamar masu saye. Ya tambayi gwiwa, ta ce tana nan. Ta tambayi tari, ya ce da sauƙi. Daga nan magana ta tsaya. A waya ba a ganin mutum yana neman abin faɗa. A nan kuwa ga shi ga ta, ga ɗanta yana jin su, ga wata mata tana son allurar keke lamba kaza. Labaran da ya tara na shekara guda, har da na wanda ya aiko da takardar asalin kaya daga ƙasar da ba ta wanzu ba, duk suka maƙale. Ya zauna da leda a cinya yana kallon kayan da doka ta ce ba ruwansa da su.

Ta gama, ta ciji zaren, ta ninke rigar ta miƙa masa. Ya sa hannu a aljihu, ta harare shi, ya fitar da hannun.

"In ya sake faɗuwa, ka san hanya," ta ce, ba ta dube shi ba, tana mayar da maɓallai cikin kwalba.

"In ya faɗi," ya ce. Ya ɗauki maganar a yadda ta zo, kamar yadda ya saba ɗaukar kowace magana: an gindaya sharaɗi, sai sharaɗi ya cika.

Da ya isa gida rana ba ta faɗi ba tukuna, rediyo yana ba kujeru labarin wasanni. Ya shimfiɗa rigar a kan tebur don ya duba aikin, saboda bai iya karɓar abu bai duba ba. Ta fuska ɗinkin ya yi kyau. Ya juya hannun rigar, sai ya ga ba a ƙulle zaren ba. Matar da ta shekara talatin a cikin allura da zare ta bar bakin zare yana lilo, ko ƙulli ɗaya babu.

Ba daidai ba ne. Ya tashi ya buɗe akwatin ɗinkin marigayiya, karo na farko tun rasuwarta, ya ɗauko allura. Ya zauna, ya kama bakin zaren da yatsa biyu. Ya daɗe a haka. Sannan ya mayar da allurar inda take, ya rufe akwatin, ya rataye rigar a gaban sauran. Aibu ne, ya gani, ya yafe, kuma bai rubuta wa kowa ba.

Tun daga ranar rigar ruwan tokar ce ya fi sawa. Abokan aiki sun lura da maɓallin da ya fita daban, manaja har ya tsokane shi a kai. Bai taɓa jan zaren ba, don wannan ƙirƙirar aibu ne. Yana dai miƙa hannu da ɗan ƙarfi in zai ɗauko fayil, yana kuma wanke rigar fiye da yadda take bukata. Maɓallin ya yi sako-sako, yana lilo, yana karkata kai kamar mai shirin tafiya. Watanni sun shige bai faɗi ba. Zaren kamfanin nan mai ƙarfi ne ƙwarai, kamar yadda takardar gwajin da ba wanda ya nema ta faɗa.